Lamba Ɗaya a Takardar Malamai

Karatuna na boko aji uku ne, na ukun ma ban ga ƙarshensa ba, don damina ta faɗi mahaifina ya ce gona ta fi malamai bukatata. Ina iya rubuta sunana idan ba a tsaya a kaina ba. Ina iya karanta lambar mota. Amma shekara ashirin da uku, a wata takarda da ke ajiye a ofishin ilimi, ni ne malami na ɗaya a makarantar kuɗi ta garinmu, nan kan hanyar da ta tashi daga Makarfi ta nufi Kudan. Ni kaina sai da gemuna ya yi fari na sani.

Aikina a makarantar gadi ne. In buɗe ƙofa, in rufe, in kori awaki, in bugi tsohon wilin motar da muka rataye a darbejiya idan lokacin tara ya yi. Alhajin da ya kafa ta fataucin rake yake yi, Allah ya jiƙansa. Ɗakunan da yake tara mazarƙwaila ya sa aka farfasa wa taga, suka zama aji huɗu. Mutum biyu ya fara ɗauka, ni da Malama. Lokacin tana amarya, ba ta daɗe da gama kwalejin horon malamai ba. Ita ta daka baƙin batir ta shafe allunan da hannunta, ita ta bi gida-gida tana lallashin iyaye su kawo ’ya’yansu. Ba wanda ya ba ta takardar ɗaukar aiki. Alhaji ya ce mata, "Ki fara ranar Litinin," ta fara.

Muna cikin shekarar farko aka aiko cewa masu duba makarantu za su zo, kafin a ba mu izinin gwamnati. Ana son a ga malamai huɗu, kowa a ajinsa. To muna da huɗun, sai dai Malama ta tafi gidan iyayenta a wani ƙauye bayan Likoro haihuwar fari, kuma kowa ya san sai ta gama wanka, kwana arba’in, za a dawo da ita. Da safen ranar Alhaji ya yafuto ni bayan aji, babbar rigarsa a saɓe a kafaɗa.

Ya ce, "Zo ka riƙe wa Malama layinta."

Na ce, "Alhaji, ni fa ba malami ba ne."

"Matarka me take ce maka a gida?"

"Malam."

"To ita ma ƙarya take yi? Sa rigar nan."

Na sa. Ta yi mini yawa, ina tafe ina sharar ƙasa. Na shiga aji ɗaya na sa yara ƙirga daga ɗaya zuwa goma da Turanci, in sun kai goma su koma, don ni ma a nan nawa ya tsaya. Baƙon ya leƙo ta taga, ya ce, "Malam, sannu da ƙoƙari." Na ce, "Yauwa, aikin ke nan." Na ji Alhaji yana ce masa satifiket ɗina yana Zariya, ba a karɓo ba tukuna. Da suka tafi na cire riga na koma bakin ƙofa. A zatona magana ta ƙare a nan. Ashe a layin farko na takardar, inda sunan Malama ya kamata ya zauna, nawa aka rubuta.

Makaranta ta girma, aka yi bene, aka sayi bas. Alhaji ya rasu, babban ɗansa ya gaje shi, wanda malamai ke kira Darakta. Yaron kirki ne, a gabana ya girma, Baba yake ce mini. Aibinsa ɗaya, abin da ba a rubuce yake ba, a wurinsa bai faru ba. Ya tarar malamai suna guduwa aikin gwamnati da zarar sun samu, don a makarantar kuɗi mutum yakan koyar har idonsa ya mutu, ranar da ya gaza a ce masa an gode. Hedimastanmu ma haka ya tafi. Sai Darakta ya tara malamai ya ce daga yau ƙarin girma da daɗewa za a riƙa yi, wanda ya fi kowa daɗewa shi ne hedimasta. Duk wanda ya cika shekara ashirin kuma za a sa shi a tsarin fansho, makaranta ta biya masa na shekarun baya. Wanda bai cika ba, daga yau za a fara masa lissafi.

Ina shara a gindin tagar ɗakin malamai na ji ya fara karanta sunaye daga tsofaffin takardu. Sunan farko nawa ne. Ɗakin ya fashe da dariya. Wani ya leƙo ya ce, "Ranka ya daɗe hedimasta, ajiye tsintsiya ka shigo." Na shiga ina dariya nima, don ban gane inda abin ya nufa ba.

Na biyu malamin lissafi ne, shekara ashirin cif, da takardar ɗaukar aikinsa, don a zamaninsa Alhaji ya fara bayarwa. Malama ce ta koya masa yadda ake cika rajista. Ita sai ta zo ta uku. Takarda ta farko da sunanta ya fito a ciki ta shekara ta biyar ce, da aka je ƙarin azuzuwa. Aka ba ta goma sha takwas. Shekara biyu suka raba ta da kujerar, suka raba ta da fanshon baya.

Ta ce a hankali, "Da ni aka buɗe makarantar nan."

Darakta ya ce, "Na sha jin haka, Malama, kuma ban ƙaryata ki ba. To amma ranar da aka cika takardar nan kina ina?"

"Ba na nan."

"Kina ina?"

"Na je gida."

"Yin me?"

Ta sunkuyar da kai, ta ja mayafi. Ya jira, ya sake tambaya, ba ta ɗago ba.

Ni na san abin da ya rufe mata baki. Su Malama Fulanin gida ne, kuma su kunyar ɗan fari ba wasa ba ce. Tun da aka yaye yaron kakarsa ta ɗauke shi. Shekara ashirin da uku ban taɓa jin sunansa a bakinta ba, in ta kama dole sai ta ce "wancan". In aka tambaye ta ’ya’yanta nawa, daga na biyu take farawa. Mace irin wannan ba za ta tsaya gaban maza goma, har da wanda ya kusan sa’ar ɗan nata, ta ce haihuwarsa na je ba. Darakta a Zariya ya yi karatu, ya san al’adar, amma bai kawo ta a ransa ba. Shi dai ya ga an tambayi mutum ya rasa amsa.

Ina tsaye da tsintsiya a hannu, kalma uku ta ishe ni. Na buɗe baki na rufe. Abin da ya zo mini shi ne, an ce duk wanda ya cika ashirin, ni kuwa ina da ashirin da uku.

Bayan an watse Darakta ya kira ni ofis ya rufe ƙofa. Ya ce, "Baba, ni ban san yadda sunanka ya hau takardar nan ba, kuma ba na son sani. Hedimasta dai ba zan ba ka ba."

Na ce, "Ko ka ba ni, wa zai karanta mini wasiƙu?"

"Amma fansho, takarda ta ce kai malami ne. In na sa ka ba wanda zai tambaye ni. In na cire ka, sai na faɗi dalili, dalilin kuwa kamar in ce mahaifina ya yi wa hukuma ƙarya ne. Ranar Litinin ta sama zan kai fom."

Na fito ƙafata ba ta taɓa ƙasa. Maigadi da fansho. A duk zuriyarmu ba wanda gwamnati ko kamfani ya taɓa biya yana kwance. Kafin in isa bakin ƙofa har na hango kaina a inuwa, da rediyo, ina aika a sayo mini tsire.

Daɗin bai kai la’asar ba. Bencin da na shekara ashirin da uku ina zama a kai ya zama kamar an zuba masa ƙaiƙayi. In zauna, in tashi, in zaga bayan bene, in dawo. Washegari na buga ƙarfen fita hutu tun ƙarfe tara da rabi, lokaci bai yi ba, yara suka ɓarke waje, malamai suka fito suna duba agogo. Na ce agogona ne ya yi gaba. Ba ni da agogo. Da yamma na je gona da niyyar yin noman biyu, na sare masara uku a madadin ciyawa, na ajiye fartanya na dawo.

Abin da ya fi ci mini rai gaisuwar Malama ce. Kullum da safe takan ɗan rusuna a bakin ƙofa ta ce, "Baba, an tashi lafiya? Ya mutan gidan? Ya ƙafar?" Bayan taron nan ba ta rage ko harafi ba. Da ta harare ni, da na samu abin riƙewa, in ce ai ita ma ba ta da kirki. Ba ta yi ba. Rana ta uku na tare ta.

"Malama, ki faɗa masa mana."

"In faɗa masa me, Baba?"

"Abin da ya kai ki gida."

Ta dubi ƙasa. "Ai kai ka sani."

"Sanina ba takarda ba ne."

"Allah ya sani, kai ma ka sani. Ya ishe ni." Ta wuce aji.

Na hau keke na tafi Kudan wurin wani abokina da ya yi masinja a ma’aikata, yana karɓar fansho. Na ce zan gaishe shi ne, amma so nake ya ce mini fansho halal ne ko ta wace ƙofa ya shigo. Ya ba ni labarin layin tantancewa da ciwon gwiwarsa har rana ta karkata. Ban iya kawo maganar ba. Na dawo ta hanyar gonakin rake, na tsaya sau biyu ban san abin da na tsaya yi ba.

A gida mai ɗakina tana tankaɗe, ta dube ni ta ce, "Malam, ko in ce babban malami, yau ma ba za ka ci tuwon ba?"

"Wa ya gaya miki?"

"Gari duka ya sani. Masu markaɗe ma sun ce in gaishe da hedimasta."

Na zauna na yi mata bayanin fansho dalla-dalla, yadda za mu sauya kwanon ɗaki, yadda za ta daina surfen mutane. Ta bar ni na gama. Sannan ta ce, "Ranar sunan yaron nan a motar rake muka tafi, ni da kai. Ka ci tuwo malmala huɗu, ka sa nama a aljihu har ya ɓata maka riga, ni na wanke. In kai ka manta inda ta je, ni ban manta ba."

"Ban ce na manta ba."

"To me ka ce?"

"Ban ce komai ba."

"Shi ne ai." Ta ci gaba da tankaɗenta.

Na so in yi fushi, na rasa ta inda zan fara. Na fita zaure, na dawo, na sake fita.

Da safe ban jira yara sun gama shiga ba na tafi ofis. Na zayyana wa Darakta komai, da rigar, da ƙirgan ɗaya zuwa goma, da satifiket ɗin da har yau yake Zariya. Ya dafe kai. Da na kai inda Malama ta je, ya ɗago ya ce, "Haihuwa? To me ya hana ta faɗa?"

Na ce, "Ɗan fari ne. Kai mahaifiyarka ta taɓa kiran sunanka?"

Shi ma na fari ne. Can ya ce, "Baba, na yarda. Amma bakinka ba zai shiga fayil ba. Sai ka kawo takardar rantsuwa daga kotu, da wata shaida cewa a lokacin ta haihu. Kuma ka sani, in ka rantse, sunanka ya fita. Maigadi ba ya cikin tsarin nan."

Na ce na sani. Ƙarya nake, a raina ina fatan zai ce a bar mu mu biyu.

Katin asibitin yaron ba ya wurin Malama, ba zan ma tambaye ta ba. Yana wurin kakarsa. Na bar wa mai sayar da ƙosai ƙofa, na hau babur ɗin haya zuwa Likoro, daga can na taka da ƙafa, don ruwa ya cinye hanya. Na tarar da tsohuwar a tsakar gida tana ɓarar gyaɗa. Muka gaisa, shanu, damina, jikoki, ciwon baya, har na fara tunanin rana za ta faɗi ban faɗi abin da ya kawo ni ba. Da na faɗa, ta yi dariya har da tari.

"Wato ’yar tawa ta gwammace ta rasa girman da ta ambaci mijina?" Haka take kiran jikan, da wasa. "Ni na koya mata, amma ban ce ta kai nan ba."

Ta shiga ɗaki ta daɗe tana buɗe kwanoni, ta fito da katin a cikin leda uku, gefensa ya sha cin gara. Ta miƙo mini, sai kuma ta janye. "Kai ne mai babbar rigar nan da aka ba mu labari?"

"Ni ne, Inna."

"Riƙo aka ba ka, ka yi shekara ashirin da uku. Ko saniya aka ba mutum riƙo ai yakan leƙo ya ce ga ta nan."

Na ce ban san na riƙe ba. Ta ce yanzu fa? Na karɓi katin na yi mata sallama.

Kotu ranar Laraba na je, ranar kasuwar Makarfi, gari a cike, motocin hatsi sun toshe hanya. Sau biyu ina isa ƙofar kotun ina wucewa. Na shiga kasuwa na taya fartanyar da ba zan saya ba. Na uku na shiga. Magatakardan da ke rubuta takardun rantsuwa wani mai tabarau ne, bai ɗago ba ya ce, "Baba, sauya shekaru ko ɓatan takarda?"

"Zuwa na yi in rantse ni ba malami ba ne."

Ya ɗago ya dube ni tun daga hula har silifas. "Wa ya zarge ka?"

"Takarda."

"Baba, wannan ai ba sai ka rantse ba."

Na ce ya dai rubuta. Na ba shi labari yana bugawa a na’ura, yana cije leɓe. Da ya gama ya miƙo mini ya ce in karanta in ga ko daidai ne. Na riƙe takardar na daɗe ina kallonta, na gano sunana a wuri biyu. Ya karɓa ya karanta mini da Hausa. Da ya zo wurin da aka ce ban taɓa koyar da kowa komai ba, na ce a gyara, na koyar da ƙirga rabin yini. Ya ce wannan shi ne laifin, kada in ƙara tonawa. Na ɗaga hannu na rantse. Ya ce sa hannu ko dangwale? Na so in rubuta sunana don ya san ba a banza nake ba, amma yana tsaye a kaina. Na dangwala.

Darakta ya jera takardun uku a tebur. Kwanan watan katin ya riga na takardar malamai da kwana goma sha biyu. Ya daɗe yana kallo, sannan ya ce, "Yanzu haka zan je in ce Alhaji ya sa maigadi a aji."

Na ce, "Ya yi ne don makaranta ta tsaya, kuma ta tsaya. Amma haƙƙin baiwar Allah nan yana wuyansa bai sani ba. Ni na sauke nawa. Nasa kai kaɗai za ka iya sauke masa."

Ya tattara takardun ya sa a fayil. Ranar Litinin na buɗe masa ƙofa ya fita da fayil a kujerar gaba. Abin da ya faɗa musu can ban sani ba, bai kuma taɓa gaya mini ba. An yi ta je ka dawo har aka fara yankan dawa, ni kuwa duk motar da ta tsaya a bakin makaranta sai in ce ’yan sanda ne suka zo kama malamin bogi. Ba wanda ya zo. Wata safiya aka tara yara, Darakta ya ce daga yau Malama ce shugabar makaranta, kuma an mayar mata da shekarunta ashirin da uku. Malamin lissafi ya sami fanshonsa shi ma, amma ya yi zango guda yana amsa gaisuwata da hanci.

Ni kuma Darakta ya ce zai duba maganar masu gadi da direba. Duk farkon zango nakan leƙa in tuna masa, ya ce yana dubawa.

Malama ba ta yi mini godiya ba, kuma ban jira ba, don in za ta gode sai ta faɗi abin da aka yi, in za ta faɗa sai ta bi ta kan wancan. Kwana biyu da naɗa ta, ta tsaya a bakin ƙofa bayan mun gaisa, ta ɗan jima tana gyara jakarta.

"Baba, an ce ka je wajen su Inna."

"Na je."

"Ya ka baro su?"

"Lafiya lau. Tana gaishe ki. Ta ce mijin nata na wasa ma ya kira daga Kano, wai an kusa sa masa rana."

Ta juya fuska wajen filin ƙwallo, na ga gefen bakinta yana motsi. Ta ce, "Takwas ta wuce, Baba. Rufe ƙofar nan, duk wanda ya makara ka turo mini shi ofis."